Ɗana da abokinsa da ba a gani

Assalamu alaikum Malama. Ina gaishe ki da aiki, Allah ya saka da alheri kan wannan fili.

Ni uwa ce, ina zaune a Tudun Wada cikin Gusau. Asalinmu wani ƙauye ne a ƙasar Maru. Mun baro shi a 2021, shekarar da aka kwashe 'yan matan makarantar Jangebe, aka kuma katse layukan waya a jihar nan cikin watan Satumba. Ɗana na biyu yana da shekara huɗu lokacin. A cikin gonar dawa muka kwana daren da muka gudo, hannuna a kan bakinsa don kada ya yi kuka.

Tun daga ranar yake in'ina. A aji ko abin da ya sani aka tambaye shi, sai ya sunkuyar da kai. Yara suna ce masa ɗan gudun hijira. Rannan ya ce mini, "Inna, ni kaina ba ya ja." Wallahi har yau maganar tana cin raina.

Amma ki gan shi a bayan ɗaki da la'asar! Sai ya kwaɓa laka ya gina gari, ya kewaye shi da ganuwa mai ƙofa ɗaya tak, ya jera murafun kwalba a ciki, wai shanunmu ne da aka kore. Yana da aboki da ba mai ganinsa sai shi, sunansa Barde, shi ke tsaron ƙofar. In ya hau dokin kara yana ba Barde umarni, harshensa ba ya sarƙewa ko kaɗan. Na laɓe na ji da kunnena. Ranar jarrabawa ma cewa ya yi in zuba koko kofi biyu, Barde zai raka shi.

Surukata ta ce iska ce, a kai shi ruƙiyya. Mahaifinsa ya ce shashanci ne, har ya taɓa rushe garin da ƙafa, kuma daren nan yaron ya yi fitsarin kwance. Ni kuwa zuciyata ba ta ba ni aljanu ne ba. Yana cin abinci, yana zuwa makarantar allo, kuma da na lallaɓa na tambaye shi, ya ce ya san Barde na wasa ne.

Malama, in ƙyale shi, ko in tsuguna in taya shi ginin? Ina tsoron ya girma a cikin garin lakar nan ya kasa shiga cikin 'yan'uwansa yara. Wace alama zan gani in san lokacin kai shi asibiti ya yi? Kuma da wane baki zan shawo kan mahaifinsa ba tare da ya ga na raina mahaifiyarsa ba?

Don Allah a sakaya sunana.

Taki,
Wata uwa daga Gusau