Hokin ƙanƙara na matan Faransa: a ba Marion Allemoz haƙƙinta

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Muna gaishe ka tare da ma'aikatan shafin wasanni. Mun rubuto ne a kan ɗan gajeren labarin da kuka kawo, cewa matan Faransa sun samu gurbi a wasan hokin ƙanƙara na gasar Olamfik ta hunturu ta 2026 a Italiya saboda an hana Rasha shiga. Hakan gaskiya ne, sai dai duk wanda ya karanta zai ɗauka sa'a ce kawai ta faɗo musu daga sama. Kafin a ba su gurbin Rasha sai da suka buga wasannin share fage a Tomakomai ta ƙasar Japan a watan Fabrairun 2025, suka zo na biyu a rukuninsu, kuma su ne suka fi duk sauran na biyun sakamako. Abin da ya fi damun mu shi ne babu inda aka ambaci matar da ta riƙe wannan ƙungiya shekara goma sha uku tana kyaftin, wato Marion Allemoz.

An haife ta a Chambéry, a gindin tsaunukan Alps, ranar 4 ga Yulin 1989. Garin yana da muhimmanci a labarin, domin a yankin tsaunukan ne filayen ƙanƙara suka fi yawa a Faransa, kuma a Chambéry ɗin ne aka fara kafa cibiyar horar da 'yan mata ta ƙasa, inda ake tara mafi hazaƙa suna karatu suna atisaye tare. Hukumar hokin ƙanƙara ta Faransa kanta sai a 2006 ta tsaya da ƙafarta, bayan ta rabu da babbar hukumar wasannin ƙanƙara. Yarinyar da ta taso a wancan zamani ba ta da zaɓi mai yawa, cikin ƙungiyar yara maza take koyon wasa. Wannan yana da amfani a farko, domin yana koya mata sauri da yanke shawara cikin ƙiftawar ido. Matsalar tana fitowa ne daga shekara goma sha huɗu zuwa sama, lokacin da samari suka fara yi mata nisa a tsawo da nauyi. Daga nan koci zai rage mata mintuna, faifan wasa, wato abin da ake bugawa a madadin ƙwallo, ba ya yawan zuwa sandarta, kuma 'yar wasan da ba ta taɓa faifai ba ta ci gaba. A wannan gaɓar ake rasa 'yan mata da yawa. Allemoz ta tsallake ta, ta zama kyaftin ɗin ƙasarta a 2009 tana da kimanin shekara ashirin.

Dole mu ɗan tsaya a kan yadda wasan yake, in ba haka ba mai karatu ba zai gane nauyin abin da ta yi ba. Kowane ɓangare yana da mutum shida a fili, biyar da mai tsaron raga. Ana buga zango uku, kowanne minti 20, kuma agogo yana tsayawa duk lokacin da alƙali ya busa. Faifan da ake bugawa na baƙar roba ne mai tauri, faɗinsa santimita 7.6, kaurinsa 2.5, nauyinsa tsakanin giram 156 zuwa 170, kusan girman murfin gwangwanin madarar ruwa. Kafin wasa ana ajiye shi cikin firiza, domin robar da ta yi ɗumi tsalle take yi a kan ƙanƙara, ba ta kwanciya a sanda. Ragar kuwa faɗinta mita 1.83 ne, tsawonta 1.22, mai tsaronta da kayan jikinta ta kusa cika ta.

Abin da ya fi ba sabon mai kallo mamaki shi ne canji. 'Yar wasa ba ta wuce daƙiƙa 40 zuwa 50 a fili sai ta koma benci wata ta shigo, kuma ana yin wannan canjin ne wasa na tafiya. Dalili shi ne gudun zamiya a kan takalmi mai ƙarfe a ƙasansa da gwiwa a lanƙwashe yana cinye ƙarfin cinya da sauri. Wadda ta yi taurin kai ta wuce minti ɗaya, ƙafafunta za su yi nauyi, ba za ta iya komowa tsaron gida ba idan aka ƙwace faifai, kuma da yawa daga ƙwallayen da ake ci daga irin wannan kuskuren suke fitowa. A zango na biyu abin ya fi muni, saboda an sauya gefe, benci ya yi nisa da ragar da kake tsarewa. Idan abokan hamayya suka tsare ku a gidanku, babu damar canji, masu tsaron baya za su gaji har su yi laifin da za a kore su na minti biyu, ku rage huɗu a gaban biyar. Canjin ma yana da nasa tarko: in mai shigowa ta taɓa faifai kafin mai fita ta bar fili, hukuncin minti biyu ne a kan ƙungiya.

Wannan shi ne ainihin dalilin da Faransa take hawa babban rukunin gasar duniya tana sauka. Ƙasashe irin su Kanada da Amurka da Finlan suna da layi huɗu na 'yan gaba, uku-uku, duk masu ƙarfi, suna juya su ba tare da gudu ya ragu ba. Ƙasar da 'yan wasanta ba su da yawa tana dogara ne da layi biyu. Zango na farko za ka ga kamar kunnen doki ake yi, amma zuwa tsakiyar zango na uku manyan 'yan wasanta sun ƙare. Maganin ɗaya ne, a samu 'yan wasa da yawa da ke buga wasa mai zafi kowane mako. Faransa ba ta da gasar mata mai irin wannan ƙarfi a gida, don haka sai an fita waje, kuma Allemoz na cikin waɗanda suka fara buɗe ƙofar.

A 2012 ta tafi Jami'ar Montreal a Kanada, ta shiga ƙungiyar Carabins. Zaɓin yana da hikima. A lardin Quebec Faransanci ake yi, ba sai ta haɗa wahalar sabon harshe da ta karatu da ta wasa ba. Kuma Danièle Sauvageau, wadda ta jagoranci matan Kanada suka ci zinare a Olamfik ta 2002, ita ce ta kafa shirin hokin mata na jami'ar. Duk da haka akwai abin koya daga farko. Filin Turai na gargajiya mita 60 ne da 30, na Arewacin Amurka kuwa faɗinsa kusan mita 26. Mita huɗun nan da aka rage suna canza wasan gaba ɗaya. A Turai 'yar gaba tana da sarari ta karɓi faifai ta ɗaga kai ta duba, a can kuwa kafin ya iso sandarta an riga an matse ta da bango, sai ta san inda za ta aika shi tun bai zo ba. Da Carabins ta ci kofin jami'o'in Kanada sau biyu, a 2013 da 2016. Bayanta wasu 'yan Faransa sun bi wannan hanya, ciki har da Lore Baudrit, wadda ta gaje ta a kyaftin, da Estelle Duvin.

Da ta gama jami'a a 2016 ta shiga Les Canadiennes de Montréal a gasar CWHL, babbar gasar hokin mata ta Kanada a lokacin, ita ce Bafaranshiya ta farko da ta buga a wannan gasa. Cikin ɗakin canza kaya ɗaya take da Marie-Philip Poulin da Caroline Ouellette, manyan taurarin Kanada. A watan Maris na 2017 suka doke Calgary Inferno da ci 3 da 1 a Ottawa suka ɗauki kofin gasar, wato kofin Clarkson. Kada mai karatu ya zaci kuɗi ta tara. A kakar da suka ci kofin ba a biyan 'yan wasan gasar albashi. Sai a kakar 2017 zuwa 2018 aka fara ba su ɗan abin hannu, daga dalar Kanada 2,000 zuwa 10,000 a shekara. Mafi yawansu aiki suke yi da rana su zo atisaye da dare, alhali sanda ɗaya ta zamani tana da tsada kuma tana iya karyewa a bugu ɗaya, ga kuɗin kaifafa ƙarfen takalmin zamiya a kai a kai. Wannan ƙarfen ba wuƙa ba ce mai baki ɗaya. Ana ƙwaƙule tsakiyarsa ya zama yana da baki biyu, na ciki da na waje. In ramin ya yi zurfi yana cizon ƙanƙara ya rage gudu, in ya yi kwance 'yar wasa za ta zame a kwana. Ya ɗan goga ƙarfen raga kawai, baki ɗaya ya dakushe, za ka ga tana faɗuwa duk lokacin da ta juya ta wannan gefen.

A 2018 ta koma Suwidin, ta shiga MODO a garin Örnsköldsvik, inda ta zauna har 2022. Shekara ɗaya bayan tafiyarta, a 2019, gasar CWHL ta rushe saboda rashin kuɗi.

A ɓangaren ƙasa kuwa, a watan Afrilun 2018 a Vaujany, a gaban 'yan gida, ta jagoranci Faransa suka ci rukuni na biyu na gasar duniya, suka hau babban rukuni karon farko a tarihinsu. A Espoo ta Finlan a 2019 aka mayar da su ƙasa, su da Suwidin. Sai annobar korona ta sa aka soke wasannin rukuninsu a 2020 da 2021, wato shekara biyu babu damar sake hawa, ga kyaftin ta haura talatin. A watan Nuwamban 2021 a Luleå ta Suwidin suka kai wasan ƙarshe na neman gurbin Olamfik ta Beijing, Suwidin ta doke su. A ganinmu abin da ta yi bayan wannan faɗuwar ya fi kofunan Kanada nuna ko ita wace ce. Ba ta ajiye sanda a lokacin ba, ta tsaya har watan Afrilun 2022 a Angers ta Faransa, ta sake hawar da ƙungiyar babban rukuni, sannan ta yi ritaya. Ba ta taɓa buga Olamfik ba.

Waɗanda suka zo bayanta sun tarar da duniyar ta canza. Chloé Aurard, wadda ta yi karatu a Jami'ar Northeastern a Boston, ƙungiyar New York ta zaɓe ta a watan Satumban 2023 a sabuwar gasar ƙwararrun mata ta Arewacin Amurka, PWHL, wadda ta fara wasa ranar 1 ga Janairun 2024 da ƙungiyoyi shida da mafi ƙarancin albashi na dalar Amurka 35,000. Wasu kuma suna bugawa a Suwizalan da Finlan da Jamus.

Roƙonmu, Malam Edita, idan za a sake kawo sakamakon irin wannan wasa, kada a tsaya a ƙwallaye kaɗai. A haɗa da yawan bugun da kowane ɓangare ya kai raga, da sau nawa aka kori 'yar wasa na minti biyu, da ƙwallaye nawa aka ci a cikin waɗannan mintuna. A kuma lura cewa a dokar gasar duniya ta mata ba a yarda da bangazar ganganci da jiki ba, saɓanin ta maza, ko da yake gasar Suwidin ta fara halatta ta daga kakar 2022. Duk waɗannan alƙaluma suna cikin takardar sakamako da hukumar hokin ƙanƙara ta duniya take wallafawa bayan kowane wasa.

Allah ya ƙara basira.

Naku,
Wasu masu bibiyar wasannin hunturu