Amsa ga Alhajin Kwari: wai tallafin kuɗi lalaci yake koya wa talaka?

Assalamu alaikum Alhaji, Allah ya ƙara girma da lafiya, ya kasuwa ya iyali.

Kai ne ka bugo waya a shirin rediyon da muka yi kan tsadar rayuwa, ka ce kai ɗan kasuwa ne a Kantin Kwari, ka jefo tambayarka, kafin na amsa mai gabatarwa ya ce lokaci ya ƙure. Tunda a bainar jama'a ka yi ta, bari amsar ma ta zo a bainar jama'a. Ga wanda bai ji ba, cewa Alhaji ya yi: me ya sa da zarar tattalin arziki ya rikice sai irinmu 'yan boko mu hau kiran gwamnati ta raba wa talakawa kuɗi, alhali muna da zumunci, muna da zakka, muna da adashi, kuma a Kano maƙwabci ba ya barin maƙwabcinsa ya kwana da yunwa? Ya ce rabon nan lalaci da maula kawai yake koya wa mutane, kuma ƙarshenta aljihun 'yan siyasa yake komawa.

Maganar 'yan siyasa kam ba zan ja da kai sosai ba, za mu zo wajen. Amma ta farkon, ranka ya daɗe, nan muka sha bamban.

Zumunci yana aiki ne idan masifa ta faɗa kan mutum ɗaya. Gobara ta cinye shagon wani, 'yan layi su yi masa karo-karo ya tashi, ka fi ni sanin wannan a Kwari. Miji ya rasu, dangi su raba marayu a tsakaninsu. Abin yana yiwuwa ne saboda sauran mutane suna tsaye da ƙafafunsu. To amma abin da ya same mu daga 2023 bai zaɓi gida ba. Tun farkon shekarar canjin kuɗi ya gama jijjiga masu ƙaramar sana'a, mai kayan miya da mai awara da babu ruwansu da tiransifa. Ranar 29 ga Mayu aka ce tallafin mai ya tafi, litar da ba ta kai naira 200 ba ta haura 500 cikin 'yan kwanaki, kafin 2024 ta ƙare ta wuce 1,000. A watan Yuni aka saki naira, dalar da take wajen 460 a farashin gwamnati ta zarce 1,500 a farkon 2024, ka tambayi 'yan canjin Wapa ko ma ka duba littafin shagonka. Ƙarshen Yuli sojoji suka yi juyin mulki a Nijar aka garƙame boda har zuwa Maris 2024, 'yan kasuwar hatsi ta Dawanau suka ji a jikinsu. Tsakiyar 2024 hukumar ƙididdiga ta ƙasa da kanta ta ce tsadar abinci ta haura kashi 40 cikin 100 a shekara guda. Duka wannan fa a kan mutanen da tun 2022 hukumar ta ce miliyan 133 daga cikinsu suna cikin talauci ta fuskar abinci da lafiya da ilimi da muhalli, kuma kashi 65 na wannan adadin a Arewa suke.

A irin wannan hali wa zai riƙe wa? Yayan da ake zuwa gidansa ƙarshen wata ma'aikaci ne, mafi ƙarancin albashi ya tsaya a 30,000 tun 2019, sai Yuli 2024 aka mayar da shi 70,000, Kano ta ce 71,000, lokacin kuwa buhun shinkafa ya riga ya wuce albashin. Shi ma kashe waya yake yi in ya ga kiran ƙanwarsa, ba don rashin imani ba, kunyar cewa babu ce take sa shi.

Adashi kuma kar ma a yi zancensa. Matar da ta yi kwasar farko ta sayi buhun masara, wadda ta yi ta ƙarshe da kuɗi iri ɗaya rabin buhu ta samu, wato tsadar ta ci mata rabi ba tare da kowa ya cuce ta ba. Ga waɗanda zubi ya gagare su a tsakiya, uwar adashi ta shiga uku. Zakka kuwa rukuni ce ta addini, babu mai hankalin da zai raina ta, kuma tun 2003 Kano take da hukumarta ta Zakka da Hubusi. Sai dai ka lura da wani abu Alhaji. Nisabi da farashin zinare ake lissafa shi, zinare kuma dala yake bi. Duk lokacin da naira ta faɗi nisabi sai ya yi sama, ɗan kasuwar da bara ya fitar bana jarinsa bai kai ba, masu bayarwa suna raguwa a daidai lokacin da masu karɓa suke ninkuwa. Kuma sau ɗaya ce a shekara, yawanci ma da azumi ake fitarwa, ciki kuwa kullum sai ya tambaya.

Sai maganar lalaci, ita ce ta fi tsaya min a rai. Matan da suke gasa gurasa da suka fito kan titi a watan Fabrairun 2024 saboda tsadar fulawa, malalata ne? Mutanen da tun kafin asuba suna bakin tanderu. Magidantan da suka koma sayen afafata, shinkafar da a da injin casa yake warewa a sayar wa masu kiwon kifi, ba zaman banza ne ya kai su ba, ɗan adaidaita ne da balas ɗin da yake kai wa mai keke da kuɗin man fetur suka cinye cinikinsa, malamin firamare ne na makarantar kuɗi, tela ne da mutane suka daina ɗinki sai sallah. Suna aikin, aikin ne ya daina ciyar da su.

Kuma abin da yake ba ni tsoro ba yunwar yau ba ce kaɗai, abin da ake sayarwa don a kashe ta ne. Mace ta sayar da keken ɗinkinta, a sayar da akuya, a sayar da firjin da ake ƙanƙara da zoɓo, a cire yarinya daga makaranta a ɗora mata talla, mai hawan jini ya koma shan magani yau ya tsallake gobe, tunda a ƙasar nan fiye da kashi 70 na kuɗin magani daga aljihun marar lafiya yake fita. In farashi ya sauko gobe keken ba zai dawo ba, yarinyar ba za ta koma aji ba, yaron da ya rasa abinci mai gina jiki kafin ya cika shekara 2 kuwa ya tsumbure ke nan, jiki da ƙwaƙwalwa. Mun taɓa gani ai. Tsarin tsuke bakin aljihu na SAP da Babangida ya kawo a 1986 ya karya naira, kamfanonin Bompai da Sharada da Chalawa suka fara tangal-tangal, rashin wuta ya zo ya ƙarasa da yawansu, kuma kayan China da ake jibgewa a kasuwanninmu ma suna da hannu, amma wannan zancen wata rana ne tsakanina da kai. Jikokin leburorin da aka sallama a wancan lokacin da yawansu su ne yau suke gararamba a unguwanni. Amfanin tallafi tun farko shi ne a hana mutum sayar da keken nan.

Nawa ne ma kuɗin da ake cewa zai sa mutum ya kwanta? Wanda gwamnatin tarayya ta sanar a 2023 naira 25,000 ne a wata, na wata 3. Wallahi babu magidancin da zai ajiye sana'arsa saboda wannan. An ma bincika abin, Abhijit Banerjee wanda ya samu kyautar Nobel a 2019 shi da abokan aikinsa sun duba shirye-shiryen rabon kuɗi guda 7 a ƙasashe 6 masu tasowa, ba su ga alamar cewa masu karɓa sun rage aiki ba. Kai da kanka ka san jari yake kawo sana'a, mai ƙosai in ta samu kuɗin wake da mai ai fitowa take yi.

Yanzu wajen da kake da gaskiya. Abin da muke gani a nan ba shi ne tsarin kare talaka ba, rabo ne, kuma rabo lallai yana koyar da maula, domin sai ka san kansila ko ciyaman na mazaɓa ko matar wani kafin sunanka ya shiga lis. Mun ga rumbunan kayan korona da jama'a suka farfasa a Oktoban 2020 a Jos da Kaduna da Legas, abinci jibge ana yunwa a waje. A watan Agustan 2023 aka sanar da naira biliyan 5 ga kowace jiha don rage raɗaɗi, ka zagaya layinku ka tambaya wa ya ga ko mudu ɗaya. Na tarayya kuwa da farko aka ce 8,000 ga gidaje miliyan 12, aka yi caa, aka janye aka dawo da 25,000 ga gidaje miliyan 15 a watan Oktoba da rancen dala miliyan 800 na Bankin Duniya, ana shiga Janairun 2024 aka dakatar da ministar jin ƙai Betta Edu, aka tsayar da shirye-shiryen don bincike. Wata 7 da cire tallafi, a tsakiyar wahalar, famfon ya ƙafe. Da aka dawo kuma sai da NIN da asusu, tsohuwar da ta fi kowa buƙata ba ta da ko waya. Rajistar talakawan ma galibi karkara aka bi aka yi ta shekarun baya, sabon talakan birni da tsadar nan ta haifa babu sunansa.

Kuma rabon layi ko na masu kuɗi ne kashe mutane yake yi. A Bauchi a watan Maris 2024 mata sun mutu a turmutsutsin karɓar sadaka da azumi, a Disambar shekarar aka sake yi a Ibadan da Okija da Abuja cikin mako guda. Niyya mai kyau ce, tsari ne babu.

Ba a fafe gora ranar tafiya, mu kuma kullum ranar muke neman wuƙa. Iran da za ta cire tallafin mai a Disambar 2010 sai da ta fara zuba wa mutane kuɗi a asusunsu, kowa yana ganin nasa amma ba a taɓawa sai ranar da farashi ya tashi. Daga baya tsada ta cinye darajar kuɗin, gaskiya ne, amma dai talaka ya ga canjinsa kafin ya ji zafin. Indonesiya ta ƙara kuɗin mai a Oktoban 2005, a watan ta fara biyan gidaje miliyoyi ta gidan waya. Brazil tun 2003 take da nata shirin, katin a hannun uwa yake yawanci, da sharaɗin yara suna zuwa makaranta ana yi musu rigakafi, shi ya sa da korona ta zo ba su fara yawon neman sunaye daga tushe ba. In kuma kyautar ce ba ka so, to ga Habasha, wadda ba ta kai mu arziki ba. Tun 2005 take biyan miliyoyin manoma kuɗi ko hatsi a watannin da rumbu yake ƙarewa, su kuma su yi aikin gayya na gyaran hanya da tare zaizaya da dashen itatuwa, tsofaffi da marasa lafiya su karɓa ba aiki. Ka dubi kwatocin birnin nan da suke cikewa duk damina ruwa ya shiga gidaje, ka dubi samarin da suke zaune a bakin kwatocin, ka gaya min me zai hana mu.

Saboda haka ni ba cewa nake a raba kuɗi kawai ba. Cewa nake a mayar da abin haƙƙi mai ƙa'ida. Kano tana da mazaɓu 484 a ƙananan hukumomi 44, kowace unguwa da mai unguwarta da limaminta. A rubuta sunayen, a liƙa su a ƙofar mai unguwa kowa ya karanta, in an saka ɗan kansila mai mota jama'a su gani su yi magana. A riƙa sabunta rajistar duk shekara ko ana cikin daɗi, a biya a rana sananniya kai tsaye ba layi ba hoto da buhu a ka. Kuɗin jihohi daga asusun tarayya ya ƙaru sosai tun da aka cire tallafin nan, don haka maganar babu kuɗi ba ta taso ba. Abincin makaranta ma in ya tsaya da ƙafarsa ya fi rabon shinkafa sau goma, domin yaron da kansa yake ci, kuma yana hana a cire shi daga aji.

Ku 'yan kasuwa kuwa, Allah ya sani, muryarku ta fi tamu kaiwa. In shugabannin Kwari da Singa da Sabon Gari da Dawanau suka haɗa baki suka nemi ganin gwamna, a ranar za a buɗe musu ƙofa, ni sai dai na yi ta surutu a rediyo. Kuna iya tara zakkarku wuri ɗaya ku tambayi malamai yadda za a tsara ta ta riƙa isa ga zawarawa da marayu da sunansu a gidajensu, maimakon a tara su a ƙofar gida a rana. Akwai hukumar taimakekeniyar lafiya ta jiha, kuna iya yi wa yaran shagunanku da 'yan dako rajista a ƙungiyance, ya fi a jira sai mutum ya kwanta a zagaya da takardar asibiti layi-layi.

Ni ma ina da tawa tambayar Alhaji, ka yi min afuwa in ta yi nauyi. Yadin da kake sayarwa ka ƙara masa kuɗi duk lokacin da dala ta motsa, kuma ba laifi, haka kasuwa take. Kuɗin abincin rana da na mota da kake ba yaran shagonka, yaushe rabon da ka ƙara?

Allah ya ba da kasuwa, a gaida mutanen gida.

Naka,
ɗanka daga cikin gari.