Rahoton ayyukan shekara ga mambobin ƙungiyarmu ta manoma, Damagaram

Assalamu alaikum ƴan uwa. Ga rahoton bana kamar yadda muka saba bayan an gama ɗaukar amfanin gona.

Zan fara da kuɗin zubi, tunda shi ne ya fi ba ni wahala. Littafin yana hannuna, duk mai so ya zo ya duba. Waɗanda suka cika zubinsu ba su kai rabinmu ba. Akwai wanda na je gidansa har sau uku, ana ce mini ya tafi kasuwa. Akwai wanda ke karanta saƙo a WhatsApp ya yi shiru. Ni da ma'aji ba albashi ake biyan mu ba, man babur ɗin da muke yawo da shi ma daga aljihunmu yake fita. Na san shekara ta yi tsanani, amma matan da ke sayar da ƙuli-ƙuli da zogale sun biya nasu tun kafin damana, to mai gona da shanu ina hujjarsa?

Wannan ne ya sa ba a sayo buhunan PICS ba. Na ji ana cewa shugabanni sun yi sakaci, shi ya sa nake son a fahimta. Mun shirya sayen su a dunƙule don a samu rangwame, sai lokacin ya zo asusu ba ya iya ɗauka. Buhun nan mai leda biyu a ciki da buhu ɗaya a waje yana toshe iska har ƙwaron wake ya mutu, ba tare da an zuba magani ko kaɗan ba. Da ya samu, da mambobi da dama ba su karyar da wakensu da kaka ba, lokacin da tiya ba ta da daraja. Ramukan takin gargajiya ma haka: na farko ya cika ya ruɓe, saura kuwa an tona an bari. Bangon ɗaya ya rufta tun ruwan 2024, wanda ya kayar da tsohon masallacin Birni, kuma har yau ba a samu masu fitowa gayya su gyara ba. Ranar da aka sa, mu ƙalilan ne muka tsaya da shebur a rana.

An yi tarurrukan wata-wata, ban da na tsakiyar damana.

Sai abin da ya faranta mana rai, wato ranar ziyarar gonar gwaji da ke kan hanyar Mirya. Wanda bai zo ba ya yi babban rashi. Mun raba gonar gida uku: ɗaya an shuka yadda aka saba, ɗaya an sa takin dabbobi, ɗaya kuma takin dabbobi tare da ɗan takin zamani a kowane rami. Ɗan takin nan cikin murfin kwalbar lemo ne kawai, kimanin giram 6 na NPK, dabarar da masu binciken cibiyar nazarin noma ta ICRISAT da ke Sadore suka daɗe suna koyarwa. A hekta mai rami 10,000 kilo 60 ke nan, maimakon a watsa buhu-buhu rairayi ya shanye. Ba mu buƙaci dogon bayani ba, domin gonar ta yi magana da kanta. A kashi na farko karan siriri ne, ƙuduji ya fito da furensa ja-ja a gindi. A na uku kara ya fi tsayin mutum, zangarniya ta yi nauyi har tana sunkuyawa.

Abin da ba zan manta ba shi ne lokacin da wani dattijo daga cikinmu ya kira matasa gindin gawo. Ya durƙusa ya damƙo ƙasa, baƙa mai laushi, ya matsa ta dunƙule a tafinsa. Ya taka ƴan taku zuwa fili ya damƙo wata, ta zube ta tsakanin yatsunsa. Sannan ya ce su ɗaga kai su ga itacen: ba ganye, domin gawo da damana yake kakkaɓe ganyensa, ya bar wa hatsi rana, ganyen kuma ya zama taki. Da rani ya yi inuwa, dabbobi su kwanta su bar kashi. Malamin gona da ya zo ya ƙara da cewa sassaben zamani, wato barin tohon itace a gona ana gyara shi, ya farfaɗo da kimanin hekta miliyan 5 a Nijar, kuma Magariya da Matamaye da Mirya na cikin wuraren da ake nuna wa duniya. Mu da ke zaune a cikin abin har mun daina ganin girmansa.

Mun kuma nuna irin hatsi Chakti, wanda aka fitar a Nijar a 2018. Yana nuna cikin kwana 65 ko kusa da haka, kuma yana ɗauke da sinadarin ƙarfe mai yawa, abin da mata masu ciki da yara ke bukata. Gaskiya tsuntsaye sun dame shi saboda ya riga na maƙwabta nuna, sai da yara suka yi ta kora. Duk da haka mata sun daka shi sun dama fura a wurin, aka sha aka yaba. Muna gode musu, su ne suka kawo itacen girki da nono daga gidajensu. Manoma daga ƙauyukan kusa sun zo a amalanke, wasu sun tambayi yadda ake shiga ƙungiya, alhali wasu masu suna a littafi ko leƙowa ba su yi ba.

Irin da muka tsame daga gonar gwaji yana ajiye, amma ba zai ishi kowa ba. Shugabanni sun yanke cewa wanda ya cika zubi shi za a fara ba. A taro mai zuwa za a karanta sunayen masu bashi, a kuma sa ranar gyaran ramukan taki kafin zafi ya shigo. Kowa ya zo da shebur ko kwando.

Magatakarda