Kumfar da ke jikin ciyawa ba yawun maciji ba ce

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da aiki, kai da abokan aikinka. Ni mutumin Malumfashi ne, shekara shida ke nan ina aiki a wata gonar zaitun da ke wajen Sakaka, a yankin Jauf na arewacin Saudiyya. Wani ɗan ƙwaro da bai wuce ƙwayar shinkafa ba shi ya sa ni rubuto maka.

Kwanakin baya muhandis ɗinmu, wato injiniyan gonar, ya tara mu bayan la'asar, ya nuna mana hoto a wayarsa: ciyawa ce da farar kumfa a jikinta, kamar an tofa mata yawu. Ya ce duk wanda ya ga irinta a gindin bishiya ya zo ya faɗa masa nan take. Gabana ya faɗi, domin na san kumfar nan tun ina bin Baba gona. Da damina mukan gan ta a tsakanin ganyen dawa, manya su ce maciji ne ya tofa, mu ja da baya. Ashe ƙwaro ne kwance a ciki.

Wanda muhandis ke tsoro shi ne masana ke kira Philaenus spumarius, ya fi yawa a Turai da ƙasashen bakin Bahar Rum, ya kuma bazu har Amurka ta Arewa. Na gonakinmu na gida danginsa ne. Shi Philaenus, in ya girma, tsawonsa milimita 5 zuwa 7 ne, kansa da faɗi kamar na kwaɗo, fukafukansa a kife bisa bayansa kamar jinkar ɗaki. Kada mutum ya dogara da launi wajen gane shi: wani ruwan ƙasa, wani fatsi-fatsi, wani baƙi, wani da zane-zane, alhali duk iri ɗaya ne. Tsallensa ne shaida. A 2003 wani masani a Jami'ar Kambirij ya auna, ya tarar yana kai santimita 70 sama. Kafin ka kai hannu ya ɓace.

Amma ɗansa ba ya tsalle, kuma wannan ne abin da nake so manomi ya riƙe. Uwar tana saka ƙwai a busassun karare kusa da ƙasa bayan zafi ya wuce, ƙwan ya kwana hunturu, ya ƙyanƙyashe wajen Maris ko Afrilu. Ɗan ya fito da laushi, launinsa tsakanin ɗorawa da kore, ya kafa baki a jikin tsiro, kai a ƙasa, yana zuƙar ruwan da saiwa ke turawa sama. Ruwan ba shi da abinci sosai, dole ya sha da yawa, abin da ya fitar kuma sai ya riƙa hura masa iska har ya zama kumfa. Ita ce ɗakinsa, tana kare shi daga rana da maƙiya. Sai ya yi saɓa sau biyar kafin ya fito da fukafukai. Sau ɗaya suke haihuwa a shekara.

Shan ruwan ba shi ne babbar ɓarnar ba. Bakinsa yana ɗauko wata ƙwayar cuta, Xylella fastidiosa, daga bishiya ya kai wata. Tana toshe hanyar ruwa, rassa su bushe kamar an babbake su. A 2013 aka gano ta a Puliya, kudancin Italiya, ta kuma kashe miliyoyin itatuwan zaitun, har da waɗanda suka shekara ɗaruruwa. Bishiyar da ta kamu ba ta da magani. Shi ya sa can ake tilasta wa manoma su yi huɗa, su nome ciyawa a watannin da 'ya'yan ke cikin kumfa, tun ba su yi fiffike ba. Jauf kuwa zaitun ne arzikinta, mu ma da shi muke aika wa iyali na cefane, don haka tun ranar ba na wuce gindin bishiya ban duba ciyawarta ba.

Roƙona biyu ne. 'Yan uwa masu zirga-zirga su daina cusa dashe ko reshen itace a jaka don sun ga ya yi kyau. A jikin dashe cutar ke ƙetare teku. Kai kuma, ranka ya daɗe, ka aika wakilinka wajen malaman gona da damina ta kama, su buɗe kumfar da tsinke a ɗauki hoto, a buga a shafin noma tare da bayanin abin da na gida ke yi wa dawa. Na riga na kira ƙanena na ce in ya gani bana ya buɗe ya nuna wa yaransa.

Wassalam.

Naka,
Mai aikin gonar zaitun,
Sakaka, Saudiyya