A Daina Cire Tamostat Daga Injinan Motocinmu

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon a ba ni fili a wannan jarida domin in yi magana a kan wata al'ada da ta zama ruwan dare a garejojin Kaduna, wato cire tamostat daga injin mota da zarar ta fara zafi, sannan a haɗa fankar lagireto kai tsaye yadda za ta riƙa juyawa tun daga murza makulli har a kashe mota. Akwai ma waɗanda ba sa jiran zafin ya zo. Ranar da mota ta iso daga Kwatano ko Legas, kafin a yi mata lamba, za a ce wa mai ita wannan ƙarfe na Turawa ne, an sa shi ne saboda ƙanƙara, mu kuwa a nan ba mu da abin da ya fi rana. Mai mota ya amince, a zare shi a jefa cikin tarkacen da ke bakin gareji. A ganina wannan kuskure ne da ke cinye wa mutane fetur da lafiyar inji, alhali gano ko tamostat ya lalace da sauya shi aiki ne da mai mota zai iya yi a ƙofar gidansa a yawancin motocin da muke hawa.

Tamostat wata ƙaramar ƙofa ce da ke tsakanin inji da lagireto. A cikinsa akwai ɗan ƙoƙon ƙarfe cike da wani irin kaki, wanda idan ya ji zafi yake narkewa ya kumbura ya tura sanda, ƙofar ta buɗe. Idan ya huce kuma sifirin, wato murɗaɗɗiyar wayar ƙarfe da ke jikinsa, ya maido da ita ta rufe. Yayin da inji yake da sanyi ƙofar a rufe take, ruwa na zagayawa cikin injin kawai, saboda haka yake saurin kaiwa ga zafin da aka ƙera shi ya yi aiki a kai. A motocin Toyota da yawa, irin su Corolla da Camry da suka cika titunanmu, ƙofar tana fara buɗewa ne a wajen digiri 82 na ma'aunin Selsiyos, ta gama buɗewa a wajen 95, kuma wannan lamba ta farko a rubuce take a jikin tamostat ɗin. To ko a watan Afrilu, lokacin da zafi ke gallabar Kaduna, iskar gari ba ta wuce digiri arba'in da 'yan kai, wanda bai kai ko kusa da abin da inji yake buƙata ba, balle kuma safiyar hunturu a Disamba da Janairu. Sababbin motocin da ake sayarwa a Saudiyya da Dubai, inda ranarsu ta fi tamu, da tamostat ɗinsu suke fitowa.

Abin da ke biyo bayan cire shi ba ya bayyana a rana ɗaya, shi ya sa mutane ba sa danganta shi da cirewar. Kwamfutar mota tana karanta zafin ruwa ta hanyar sansa, kuma muddin ta ga inji da sanyi sai ta ƙara yawan fetur ɗin da take fesawa, domin haka aka tsara ta. Motar da ba ta da tamostat, ga fanka na kaɗawa ba hutu, takan yi tafiyar safe daga Kawo zuwa Kakuri ba tare da ta yi ɗumin kirki ba. Fetur ɗin da bai ƙone ba yana wanke baƙin man da ke jikin silinda, ya gangara ya tsinka wanda ke ƙasa. Danshin da zafi ya kamata ya kora ya zauna ya haɗu da mai ya zama dagwalo. Fulogi ya yi baƙi, ringi, wato zoben fistin, ya ci kafin lokacinsa. Tun da aka janye tallafin mai a ranar 29 ga Mayu, 2023, babu mai motar da bai san darajar kowace lita ba, amma sai ka ga mutum yana kuka da shan man motarsa, ya sauya fulogi, ya wanke nozul, bai taɓa tambayar ko akwai tamostat a ciki ba.

Akwai kuma abin da ya fi wannan ban mamaki. A injina da yawa, tamostat yana da wani faifai na biyu a ƙasansa, wanda idan babbar ƙofar ta buɗe shi kuma yake toshe gajeriyar hanyar da ruwa ke bi ya koma inji ba tare da ya shiga lagireto ba. Idan aka cire shi wannan hanya ta zauna a buɗe har abada, sai wani kaso na ruwan zafi ya riƙa kewaye lagireto yana komawa inda ya fito. Motar da aka cire wa tamostat don gudun zafi tana iya yin zafin a kan hanyar Zariya da lodi da esi a kunne. Ana gudun gara ke nan an tarar da zago.

Ba na cewa bakanikenmu ba su da hujja ko kaɗan. Tamostat idan ya maƙale a rufe yana iya ƙona gaskit, wato shimfiɗar da ke like tsakanin kan inji da gangar jikinsa, cikin mintuna, kasuwa kuma cike take da jabun kaya, saboda haka wanda ya taɓa sa sabo ya maƙale masa bayan wata guda, mai mota ya dawo da faɗa, ba abin mamaki ba ne ya yanke shawarar cirewa ya huta. Haka nan idan mota ta tsaya maka a daji tsakanin Kaduna da Abuja, aka tabbatar shi ne ya maƙale, cire shi don ka isa gida dabara ce mai kyau. Inda nake da ja shi ne a mayar da dabarar fita kunya ta zama gyara na dindindin, a kuma ɗora wa tamostat laifin da sau da yawa ba nasa ba ne. Lagireton da ruwan rijiya ya toshe da tsatsa da gishiri, murfin da ya daina riƙe iska, fankar da fiyus ko rile ɗinta ya mutu, famfon ruwan da haƙoransa suka cinye, tiyon da ke ɗiga a ɓoye, kowanne yana kawo zafi, kuma cire tamostat ba ya gyara ko ɗaya daga cikinsu, sai dai ya lulluɓe shi na ɗan lokaci.

Gwajin farko ba ya buƙatar sifana. Da safe, kafin a tayar da mota, a duba ruwa a tabbatar ya cika, sannan a tayar a buɗe bonet a riƙa taɓa babban tiyon da ya fito daga gidan tamostat zuwa lagireto. A wasu motoci na sama ne, a yawancin Toyota da Honda na ƙasa ne. Idan lafiyarsa lau, tiyon zai zauna da sanyi na wasu mintuna yayin da allurar zafi ke hawa a hankali, sannan can ya ɗauki zafi kusan lokaci guda, alamar ƙofa ta buɗe. Idan ya fara ɗumi tun da wuri, allura kuma ta ƙi kaiwa tsakiya, ko ta kai a cikin cunkoso amma ta faɗi da an hau babban titi, to ko dai ya maƙale a buɗe, ko kuma wani ya riga ya cire shi. Motocin da suka zo daga Amurka ƙirar 1996 zuwa sama suna da wurin jona na'urar bincike, kuma da yawansu kan nuna lambar P0128 a irin wannan hali. Idan kuwa allura ta wuce tsakiya tana neman ja, inji ya ɗauki zafi amma wannan tiyo da ƙasan lagireto suna da sanyi, a kashe mota nan take, domin alama ce ta ya maƙale a rufe. Mai yin wannan gwaji ya tuɓe babbar riga ya naɗe hannun taguwa, saboda fankar lantarki tana tashi ba sallama. Kada kuma a kuskura a buɗe murfin lagireto inji na da zafi: ruwan ciki a matse yake, zafinsa na iya haura digiri 100 bai tafasa ba, da an saki murfin zai yi tsartuwa zuwa fuska.

Kafin a sayi komai, a zaro sandar awon baƙin mai a kuma leƙa ƙarƙashin murfinsa. Idan man ya yi fari-fari ya yi kauri, ko salansa na fitar da farin hayaƙi bayan inji ya yi zafi, ko kumfa na ta tasowa daga bakin lagireto ba ƙaƙƙautawa, magana ta wuce tamostat, gaskit ɗin kan inji ne, wannan kuwa sai gareji.

Sauyawar kanta a bar mota ta kwana tukuna. A sayi sabo da lambar shasi ko sunan injin, a duba lambar zafin da ke jikinsa ta yi daidai da ta asali, a haɗa da sabuwar robarsa, kada a ce za a mayar da tsohuwa. A ajiye roba mai faɗi a ƙarƙashi, a kwance ɗan famfon da ke gindin lagireto ruwa ya sauka. A bi tiyo har inda ya shiga inji. A nan gidan tamostat yake, noti biyu ko uku ne ke riƙe da shi, galibi na sifana lamba 10 ko 12. A wasu injinan wurin a matse yake sai an kawar da altaneta, to a nan a fara cire kan batir. Kafin a zaro tsohon a ɗauke shi hoto da waya, domin kuskuren da aka fi yi shi ne a juya shi. Ɓangaren da ke da sifirin da ƙoƙon kaki shi ne ke kallon cikin inji, tun da shi ne zai ji zafin ruwan. A gefen faifan kuma akwai wani ɗan rami mai ɗan ƙarfe da ke karkaɗawa idan an girgiza. Wannan ta nan iska ke fita, saboda haka sama ake fuskantar da shi.

Ina ba da shawara a gwada tsohon da sabon tare kafin a ɗaura. A samu tsohuwar tukunya ko gwangwani, ba ta girkin uwargida ba, a rataye su da zare cikin ruwa yadda ba za su taɓa gindi ba, a ɗora a wuta. Mai lafiya za ka ga bakinsa ya fara rabuwa tun ruwa bai tafasa ba, lokacin da ƙananan kumfa suka fara taruwa a jikin tukunya, ya ci gaba da buɗewa har kusan santimita guda, idan an tsamo shi kuma ya koma ya rufe ruf cikin ɗan lokaci. Wanda ruwa ya tafasa bai motsa ba, ko wanda ka ciro shi daga mota bakinsa a buɗe alhali da sanyi, ya gama aiki. Idan sabon ne ya kasa, a mayar wa mai shago tun bai shiga inji ba. Idan kuma tsohon ya buɗe ya rufe daidai, to ba shi ne matsalar ba, a koma kan lagireto da murfi da fanka.

A goge fuskar gidan tas, ba tare da an karce ta ba. Inda aka yi wa zoben roba wuri babu buƙatar gam, domin gam ɗin da ya matso ciki yakan gutsure ya je ya toshe lagireto. A ɗaura notin da hannu tukuna, sannan a riƙa ja kaɗan-kaɗan, wannan sannan wancan, ba da ƙarfin tuwo ba, saboda gidan na alminiyom ne ko roba, kuma tsagewarsa ta fi tamostat ɗin tsada. Wajen cikawa a zuba kulan, wato ruwan sanyaya inji, irin wanda aka tsara wa motar, ko gaurayayye daga kamfani ko rabi da rabi da tataccen ruwa. Ruwan famfo da na rijiya su ne ke haifar da tsatsar da take maƙale tamostat tun farko. Tsohon kulan kuma a zuba shi a jarka a rufe, kada a bar shi a tsakar gida, domin yana da zaƙi kuma guba ne ga yara da awaki da kaji.

Saura fitar da iska, wanda masu gaggawa ke tsallakewa su dawo suna cewa sabon ma jabu ne. A bar murfin lagireto a buɗe tun inji na da sanyi, a murɗa hita zuwa ƙarshen zafi, a tayar, a riƙa matsa tiyo a hankali ana ƙara ruwa duk lokacin da ya sauka, har kumfa ta daina fita. A rufe, a cika ƙaramin tankin gefe zuwa tsakanin layukansa biyu, a jira fanka ta tashi ta kuma tsaya da kanta. Idan an taɓa haɗa ta kai tsaye, mai wayarin ya mayar da ita kan sansarta. Washegari da safe a sake duba ruwa, a leƙa ƙasa ko akwai ɗiga. Wasu motocin Jamus na baya-bayan nan tamostat ɗinsu a haɗe yake da gidansa har da waya, wasu kuma a ƙarƙashin wasu kayan inji yake. Irin waɗannan a kai wa wanda ya san su.

Garin da aka fara harhaɗa Peugeot a Kakuri tun 1975, ga Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Kaduna, ga masu fasahar Panteka, bai rasa masana wannan fanni ba. Ina kira ga shugabannin ƙungiyar bakanike ta NATA a jihar nan da su sa wannan batu cikin abin da ake koya wa yaran gareji, su kuma taimaka wajen nuna wa jama'a dillalan da ke kawo kaya na ƙwarai. Idan kuma akwai wani ogan gareji da yake ganin cire tamostat ne daidai, ina roƙon Edita ya ba shi fili kamar yadda aka ba ni, ya faɗi irin motar da irin injin da yake magana a kai.

Wassalam.

Naku mai karatu,
daga Tudun Wada, Kaduna.