Wasiƙar Shugaban Makaranta: Daren Kallon Taurari

Iyaye da masu riƙon yara, ina gaishe ku.

Takardun izinin da muka ba 'yan kulob ɗin kimiyya tun makon jiya, da yawa har yau suna cikin jakunkuna. Wanda tasa ba ta iso ofis ranar Laraba da sa hannu ba, ba zai kwana a makaranta daren Juma'a ba, ko da uban da kansa ya zo roƙo. Mun zaɓi daren ne don babu farin wata, kuma wata ba ya jiran mai jinkiri.

Wasunku sun tambaya me za a kalla da har sai an hana yara barci. Galaksi ce, wato dandazon biliyoyin taurari, ana kiranta NGC 1023, tana ɓangaren sama da ake ce wa Perseus. Masanin taurari William Herschel ne ya gano ta a Ingila a 1786. Hasken da zai shiga idon 'ya'yanku ya baro can fiye da shekara miliyan 30, alhali yana gudun kusan kilomita 300,000 a daƙiƙa. Siffarta kamar gilashin tabarau, tsakiya a kumbure, gefe a sirance, ga wata sanda ta taurari ta gitta tsakiyarta. Ba ta da hannuwan nan masu murɗewa irin na tamu galaksin, domin iskar gas ɗin da ake haifar sababbin taurari da ita ta kusa ƙare mata. Galibin taurarinta tsofaffi ne. Ba ita kaɗai take ba kuma. Tana cikin wani rukuni da aka sa wa sunanta, tare da irin su NGC 891 da NGC 925, ƙarfin janyowa ya ɗaure su wuri guda, kamar yadda tamu take rukuni ɗaya da wata galaksi mai suna Andromeda.

Duk wannan a bakin malamar fiziks na ji shi. Ita ta goge madubin na'urar hangen nesa da hannunta, ta kwana uku tana saita ta bayan tashi. Da kowa a ɗakin malamai haka yake, da na huta.

Ku gaya wa yara kada su sa ran hoto mai launi. Ɗan dishi-dishin haske za su gani, dogo kaɗan, shi ma sai ido ya yi kamar minti 20 cikin duhu. Saboda haka babu waya, babu tocila. Masu kawo yara su kashe fitilar mota tun daga bakin ƙofa. Wanda ya haske mana fili a bara ya san kansa. A haɗo su da rigar sanyi.

Jadawalin jarrabawa yana kan allon sanarwa. Masu latti kuma, ƙofa na rufuwa kamar kullum.

Naku,
Shugaban Makaranta