Auta zai shiga fim, amma ƙafafunsa kawai

Mutumina,

Salamu alaikum. Ya sanyin can, ya madam da yara? Wato kai dai in ban neme ka ba shikenan, tun ƙaramar sallah ko filashin babu, to Allah ya shirye ka.

Labari ne ke cina. Auta zai shiga fim! Kar ka yi saurin murna, ƙafafunsa ne za su shiga. Ka tuna takalmin tayan nan da Hajiya ta rantse sai ta jefa shi rijiya? To abin ya girma, ya wuce na yaran da ke kama bayan adaidaita a titi, nasa irin na masu gurzawa a kan ƙarfe ne, tayoyin 'yan ƙanana da wani gurbi a tsakiya inda ƙarfen ke zama in ya dira a kai. Kyandir ɗin gidan nan kaf ya ƙarar, goga shi yake a bakin dakali don ya yi santsi, shekaranjiya Baba ya zauna a wurin da farar shadda, sauran labarin sai mun haɗu.

Wani mai shirya fim ne ya ga bidiyonsa a waya ya kira shi, wai jarumi zai tsere wa 'yan daba, Auta zai sa kayan jarumin ya yi tsallen a ɗauke shi ta baya. Kuɗi kuma wai za a san yadda za a yi. Zancen sa sunansa a fim ɗin ko a baki ba a kawo ba.

Da na fara faɗa sai ya zaunar da ni ya kunna min Airborne na 1993, wai in ga inda manya suka faro. Yaro ne ɗan Kalifoniya aka tura shi Cincinnati wurin dangi, a ƙarshe aka yi tsere daga kan tudu ana ratsa motoci, har Jack Black na ciki lokacin bai zama kowa ba. Sai tsayar da fim ɗin yake yana nuna min, ga fuskar jarumi nan, ka ga an yanke, yanzu ƙafa da baya kawai ake gani, to wannan gwanin ne na gaske, irin su Chris Edwards. Na ce alhamdulillahi da bakinka ka faɗa, Jack Black duniya ta san shi, shi Chris ɗin in ba ku 'yan takalmi ba wa ya taɓa jin sunansa? Bai ce uffan ba ya sako Brink! na Disney, na 1998, ashe shi labarin gaba ɗaya rigima ce tsakanin yaran da ke yi don daɗi da masu yi don kuɗin kamfani. Wato ni ne mai kwaɗayin kenan. Yaron nan ya raina ni wallahi.

Abin da ya tsaya min a rai, su can Amurka ma da ake yayinsu an sa wasan takalmin tayan a gasar wasannin kasada ta X Games tun 1995, da yayi ya wuce a 2005 aka cire shi, finafinan ba su hana komai ba. Shi kuma Auta ko a jikinsa, hoton Taïg Khris ne a fuskar wayarsa, Bafaranshen da ya diro da takalmin taya daga hawan farko na hasumiyar Eiffel a 2010. Na ce shi an gina masa wurin dira, kai kwalta ce da kwata ke jiranka, in ka karye mai ɗori za a kira, kuma aljihuna ne zai ji.

Af, mutuminka mai shayi ya ƙara aure, ta uku, kuma har yau bai cire sunanka daga littafin bashi ba.

Dama wata tambaya ce ta sa na ɗauko waya, ta shige min. Amma in ka ga hular kwano da abin kare gwiwa masu araha a can ka aiko, ranar Asabar za su ɗauki abin, kuma Hajiya ba ta sani ba tukuna, don Allah kar ka faɗa wa madam.

Naka har kullum.